Daɗewa a Gona: Yaushe Take Ba Mu Haƙƙi a Ƙasar Gwamnati?

Jawabin da ma'aikatan sashen raya karkara suka gabatar wa dattawan ikilisiyoyi, zumuntar mata da matasa na yankin Kajiji, bayan kaka.

Mun san waɗansu sun baro gero a masussuka, waɗansu sun baro rumbu ba a gama yaɓe ba, saboda haka ba za mu yi dogon zagaye ba.

Akwai tambaya guda da kusan kowane ƙauye muka je sai an yi mana ita. Mukan zo don maganar rijiya ko bankin hatsi, amma kafin mu tashi sai wani ya ja mu gefe ya ce, "Malam, wurin nan shekara talatin ke nan muna nomansa. An ce na gwamnati ne. To, har yanzu bai zama namu ba?" Ita muka zo amsawa yau. Mu ba lauyoyi ba ne. Amma mun zauna mun karanta dokar, mun kuma tambayi waɗanda aikinsu ke nan, domin kada mu gaya muku abin da zai sa ku yi barci a inda ya kamata ku farka.

Gonaki biyu na mutum ɗaya

Bari mu fara da wani dattijo a ɗaya daga cikin ƙauyukan da muke aiki. Ba za mu faɗi sunansa ko sunan ƙauyen ba. Yana da gona biyu. Ta fari tana kan tudu bayan gida. Mahaifinsa ne ya sare ta tun ba a haife shi ba, har ɗorawar da tsohon ya bari tana nan tsaye a tsakiyarta. Ta biyu kuwa bayan farin 1984 ya same ta. Gero ya ƙi a shekarar, baki ya yi yawa a gida, sai shi da waɗansu suka shiga gefen gandun daji suka yi sassabe. Ba wanda ya hana su. Malamin daji yakan wuce, a gaisa, wani lokaci ma a ɗora masa damin dawa a bayan babur. Haka shekaru suka yi ta tafiya, har 'ya'yan da aka goya zuwa gonar suka yi aure.

Wata rana da rani sai ga ma'aikata da kayan awo. Suka kafa turakun siminti, suka ce damina mai zuwa kada kowa ya yi shuka daga nan zuwa can. Da muka je gaishe shi, dattijon ya ce mana, "Yarana, duka biyun gumina ne. Me ya raba su?" Muka ce, "Baba, a wajen gumi babu abin da ya raba su. A wajen doka kuwa, ta bayan gida tana da tushe, ta dajin ba ta da shi."

Bai ji daɗin amsar ba, mu ma ba mu ji daɗin faɗinta ba. Amma duk abin da za mu faɗa yau yana cikin bambancin gonakin nan biyu, domin in an ce "ƙasar gwamnati", abu biyu ake nufi, mu kuwa mukan haɗa su wuri ɗaya.

Yadda ƙasa duka ta koma hannun gwamna

Tun kafin zuwan Turawa, sarakuna ke riƙe da ƙasa a madadin jama'a. Talaka ya nemi izini ya sari daji, ya noma, 'ya'yansa su gada. Malam Abdullahi ɗan Fodiyo, wanda ya zauna a Boɗinga nan kusa da mu, har littafi ya rubuta a kan hanyoyin da mutum ke samun haƙƙi a ƙasar da ba kowa a kanta. Turawa suka ci Sakkwato a 1903, a 1910 suka yi doka suka sa ƙasar Arewa a ƙarƙashin ikon gwamnansu. Gwamnatin Jihar Arewa ta sabunta wannan tsari a 1962. Sa'an nan a ranar 29 ga Maris 1978, gwamnatin soja ta Janar Obasanjo ta kafa Dokar Amfani da Ƙasa ga Nijeriya duka. Ita ce ke aiki har yau, an kuma ɗaure ta a jikin tsarin mulki.

Ku riƙe wannan rana, 29 ga Maris 1978. Za mu yi ta komowa kanta.

Sashe na 1 na dokar ya ce dukan ƙasar da ke cikin jiha tana hannun gwamna, yana riƙe da ita amana domin amfanin 'yan Nijeriya. Abin da ni da ku muke da shi (a nan "mu" ya haɗa har da attajiri mai bene a Sakkwato) shi ne haƙƙin zama da amfani. A wuraren da gwamna ya ayyana birni ne, shi ke ba da wannan haƙƙi. A karkara, ƙaramar hukuma ce, kamar ta Shagari ko ta Boɗinga. Tana iya ba mutum har hekta 500 don noma, ko hekta 5,000 don kiwo, ba sai ta nemi yardar gwamna ba. Hekta ɗaya kusan eka biyu da rabi ce, kun ga ke nan gonakinmu duka suna cikin ikonta.

A wannan ma'ana ta fari, gonar bayan gidan dattijon ma ƙasar gwamnati ce. Amma dokar ba ta kori kowa daga gonarsa ba. Sashe na 36 ya ce wanda yake riƙe da ƙasa a karkara, ana noma ta a ranar da dokar ta fara aiki, zai ci gaba da riƙe ta kamar ƙaramar hukuma ta riga ta ba shi haƙƙin. Ba sai yana da takarda ba. Har saura, wato gonar da aka bari ta huta, dokar ta lissafa ta cikin wadda ake nomawa. Wanda ya gaji irin wannan gona yana tsaye a kan tushen mahaifinsa.

To, a nan ne daɗewa take da daraja ƙwarai. A 1976, cikin shari'ar Idundun da Okumagba, Kotun Ƙoli ta jera hanyoyi biyar da mutum zai bi ya nuna ƙasa tasa ce. Akwai tarihin gado daga kaka da kakanni. Akwai takardu. Akwai ayyukan mai abu da aka daɗe ana yi, kamar ba da aro, ba da haya ko sayar da wani yanki. Akwai daɗewa ana zaune ana cin amfani, da kuma riƙe ƙasar da ke maƙwabtaka da wadda ake gardama a kai. Kun ga huɗu daga cikin biyar ba su bukatar takarda. Baki suke bukata, wato shaidu.

Har satifiket ma ba ya share irin wannan haƙƙi. A 1990, cikin shari'ar Ogunleye da Oni, mai riƙe da takardar shaidar mallaka daga gwamnati ne ya faɗi, domin ɗayan ya nuna cewa gidansu ke da wurin tun da daɗewa kafin a ba da takardar. Saboda haka in wani ya zo daga birni da mota, ya buɗe jaka ya nuna muku takarda mai hatimi a kan gonar gadonku, kada gabanku ya faɗi. Ku tambaye shi wurin wa ya samo, kuma yaushe aka soke haƙƙinku.

Sai dai alƙalai sun sha faɗin wani abu da ya kamata mu ji. Daɗewa tana sa kotu ta ɗauka mai zaune shi ne mai wuri, har sai wani ya kawo hujjar da ta fi tasa. In mai asalin wurin ya kawo tushensa ya tabbatar, shekarun mai zaune ba sa mai da shi mai wuri.

Akwai kuma waɗanda ke tsaka-tsaki, muna zaton da yawa a nan suna cikinsu. Su ne waɗanda suka sari daji bayan 1978, a wurin da ba a keɓe don komai ba, da izinin hakimi ko uban ƙasa kawai. Iyayen ƙasa suna da girmansu, shaidarsu kuma tana da nauyi. Amma tun 1978 dokar ta sa ikon ba da ƙasar karkara a hannun ƙaramar hukuma. Masu irin wannan gona su ne suka fi bukatar su je sakatariya su nemi takarda tun ba a fara gardama ba.

In gwamnati ta bukaci gonar gado

Ko gonar gado ce, gwamnati tana iya karɓa don amfanin jama'a: hanya, makaranta, asibiti, madatsar ruwa. Irin waɗannan ayyuka ba su ƙare ba. A 2024 aka ƙaddamar da aikin babbar hanyar Sakkwato zuwa Badagry daga Illela, kuma duk inda hanya ta bi, gonar wani ta bi. Amma dokar ta ɗora wa gwamnati sharuɗɗa. Dole aikin ya zama na jama'a da gaske. Dole a ba mai gona sanarwa a rubuce. Kotun Ƙoli ta sha rushe karɓar ƙasa da aka yi ba tare da sanarwa ta kai ga mai wurin ba. Dole kuma a biya diyya.

Ga inda mutane kan sha mamaki. Sashe na 29 bai sa kuɗi a kan ƙasar kanta ba. Abin da ke kanta ake biya: gini, rijiya, shuka, itatuwa masu amfani. Mutum biyu suna da eka biyar biyar, ɗaya tasa fili ce fetal, ɗayan yana da mangwaro, ɗorawa, tsamiya da rijiya. Ranar ƙidaya ba za su tashi da abu ɗaya ba. Wannan ma dalili ne, ban da inuwa da taki, da ya sa kullum muke damunku da maganar dashen itace. Sashe na 6 kuma ya ce in ƙaramar hukuma ta karɓi gonar da ake nomawa, sai ta ba mai ita wata gonar. Mutane kaɗan ne suka san wannan, shi ya sa kaɗan ne ke tambaya.

Dattawan da ke nan suna tune da Bakolori. An gina madatsar a kan gulbin Sakkwato kusa da Talatar Mafara tsakanin 1974 da 1978, tun kafin a yanke Zamfara daga Jihar Sakkwato a 1996. Manoman wurin ba baƙi ba ne, gonakin kakanninsu ne. Ruwa ya cinye garuruwa da fadamu. A inda za a yi noman rani kuma, motoci suka tumɓuke itatuwa suka baje ƙasa. Da itacen iyaka ya tafi, shaidar iyaka ta tafi tare da shi, rabon gonaki ya rikice, manoma suka yi asarar damina bayan damina suna jiran diyya. Suka tare hanyoyin aikin. A watan Afrilu na 1980 aka tura 'yan sanda, aka yi harbi, aka rasa rayuka. Gwamnati ta faɗi adadi kaɗan, mutanen wurin suka ce ɗaruruwa ne.

Ba mu tuno wannan don mu tada tsohon miki ba. Abin da muke so ku gani shi ne, mutanen Bakolori suna da haƙƙi, duk duniya ta san suna da shi. Amma haƙƙin da ke rubuce a jikin kuka da gawo kaɗai, katafila tana iya share shi da safe ɗaya. In gemun ɗan'uwanka ya kama wuta, ka san abin da Hausawa suka ce ka yi wa naka.

Ƙasar da gwamnati ta keɓe

Yanzu mu koma gonar dattijon ta biyu. Ma'ana ta biyu ta "ƙasar gwamnati" ita ce wadda aka riga aka keɓe da suna: gandun daji, waɗanda da yawansu tun zamanin En'e aka shata su, makiyayar da aka keɓe a ƙarƙashin dokar 1965 ta Jihar Arewa, burtali da mashaya, filin makaranta da na asibiti, gefen babbar hanya, da ƙasar da aka karɓa don madatsar ruwa aka biya masu ita. Irin wannan wuri yakan zauna shekaru ba a taɓa shi ba. Makaranta tana da fili babba amma aji huɗu aka gina, sai maƙwabta su fara shuka gyaɗa a bayan azuzuwa, shugaban makaranta ya yi shiru, na bayansa ma ya yi shiru.

Shirun ma'aikaci ba kyauta ba ce daga gwamnati. Malamin daji ba shi da ikon ba da gandun daji, ko an ba shi dami ɗari. Wanda ya shiga irin wannan wuri ba shi da tushen da sashe na 36 ke kārewa, domin ba shi ke riƙe da wurin bisa haƙƙi a ranar 29 ga Maris 1978 ba. Ranar da aka tashi bukatar wurin, a idon hukuma shi mai shiga gonar wani ne. In an ba shi wani abu don shukarsa, tausayi ne ko neman zaman lafiya, ba za a ce masa diyyar mai gona ba.

Mun san inda maganar "shekara goma" ta samo asali. A shari'ar Musulunci ta mazhabar Malikiyya, wadda maƙwabtanmu ke bi, akwai abin da ake kira hauzi. In mutum ya riƙe wuri shekara goma yana aiki a cikinsa kamar nasa, mai wurin yana gari, yana gani, babu abin da ya hana shi magana amma ya yi shiru, to, ba za a saurari ƙararsa daga baya ba. Tsakanin dangi lokacin ya fi haka tsawo, har shekara arba'in. Hukunci ne mai hikima, yana kashe tsohuwar rigima. Amma tsakanin mutum da mutum yake aiki. Malaman da kansu sun ce ba a yin hauzi a kan abin jama'a kamar hanya. Ba ya kuma aiki in asalin zaman aro ne, ko haya, ko jingina.

Wannan na ƙarshe ya shafe mu ƙwarai, ko da ba maganar gwamnati. Da yawa cikin iyayenmu zuwa suka yi daga wani wuri, aka karɓe su hannu biyu, aka ba su gona aro. Kayan aro ba ya rufe katara. Shekara hamsin ba ta mai da aro gado, kuma ba daidai ba ne a gaban Allah mu mai da alherin mutane abin gardama. In gonarka aro ce, ka faɗa wa 'ya'yanka tun kana da rai. Dokar ma ta yi gargaɗi: sashe na 37 ya sa ɗaurin shekara ɗaya ko tarar naira 5,000 ga wanda ya kai wa gwamna ko ƙaramar hukuma da'awar ƙarya a kan ƙasa. Kuɗin ya zama kaɗan yanzu, shekarar kuwa tana nan yadda take.

In kuna so ku ga iyakar ƙarfin daɗewa a gaban gwamnati, ku dubi Abuja. Gbagyi da sauran ƙabilun wurin sun zauna can tun kaka da kakanni. A 1976 aka yi dokar da ta mai da ƙasar babban birnin duka ta gwamnatin tarayya. Kotuna suka ce haƙƙin gargajiya ya ƙare a wurin. Abin da ya rage musu shi ne neman diyya da matsuguni, waɗansu har yanzu suna nema.

To, mai gona a gandun daji ya naɗe hannu ke nan? A'a. Hanyarsa roƙo ce, ba ƙara ba. Gwamnatin da ta keɓe wuri tana da ikon ta yanke wani yanki ta sake shi. A Legas akwai tsarin da ƙauyuka ke bi su nemi a cire musu wani yanki daga ƙasar da gwamnati ta karɓa, in an yarda a buga a gazet, wato jaridar sanarwar gwamnati. A nan ma jama'a suna iya rubuta takarda tare, ta hannun hakimi da uban ƙasa zuwa ƙaramar hukuma da ma'aikatar da ke kula da wurin. A faɗi gaskiya: yaushe aka shiga, me ya kawo shigar, gida nawa ke ci daga wurin. A roƙi ɗaya daga cikin uku: a saki yankin, ko a ba da izinin noma a rubuce na wasu shekaru, ko a nuna wani wuri. A nan shekarunku suna da amfani, domin suna nuna bukata ce ta kai ku, amma a matsayin dalilin roƙo. Kafin amsa ta zo, kada a zuba kuɗi a ginin siminti a wurin, kada kuma a saya daga hannun wanda ya riga shiga. Wanda ba shi da abu ba ya sayar da shi.

Burtali kuwa, shawararmu ita ce a fita kawai. Mun ga abin da toshe hanyar shanu ke jawowa, ba mu bukatar a ba mu labari.

Aikin wannan rani

Wanda yake da shekara 15 a 1978, wato wanda ya isa ya riƙe fartanya ya san gonar wane ce ke kusa da ta wane, yau ya haura 60. Shaidunmu suna tafiya ɗaya bayan ɗaya. Kowace jana'izar tsoho a ƙauye, iyakar gona goma ake binnewa tare da shi. Wannan ne ya sa muke cewa aikin na bana ne.

Kun san labarin annabi Irmiya, yadda ya sayi gona a Anatot lokacin da maƙiya ke kewaye da Urushalima. Ya auna azurfa a gaban shaidu, aka rubuta takarda, aka sa hannu, ya sa a ajiye ta cikin tukunyar ƙasa don ta daɗe. Mutumin da Allah ya yi wa magana baki da baki bai ga rubuta takardar gona rashin bangaskiya ba ne.

Muna roƙon kowace ikilisiya ta sayi babban littafi mai bango mai ƙarfi. A zaɓi mutum uku: dattijo ɗaya, mace ɗaya daga zumuntar mata, da matashi mai kyan rubutu. Su bi gona gona da ƙafa, ba a zaune a inuwar majami'a ba. Kowace gona ta sami shafinta. A rubuta wanda ya fara saranta, a zamanin wane hakimi, yadda ta zo hannun mai ita na yanzu, gado ko saye ko kyauta ko aro ko jingina. A rubuta maƙwabta na gabas, yamma, kudu da arewa. A ƙirga itatuwa. A zana siffar gonar ko da ba ta yi kyau ba. In akwai waya mai hoto, a ɗauki mai gona da maƙwabcinsa tsaye a kan iyaka. Tsohon rasidin haraji, takardar saye, katin rabon taki, duk a tattaro, domin suna nuna kana garin a shekarar da aka rubuta.

Shaidu kada su zama 'yan ikilisiya kaɗai. Maƙwabcinka Musulmi da kuka yi shekara arba'in kuna raba iyaka, sa hannunsa ya fi na ƙaninka nauyi a gaban kowane alƙali. Ku gaya wa hakimi kafin ku fara, don kada a ga mutane da littafi a gona a zaci wani abu. In maƙwabta suna so a rubuta tasu, a rubuta musu. Iyaka ɗaya ce, tana da gefe biyu.

Iyayenmu mata, gonar gwauruwa a rubuta ta da sunanta da na 'ya'yanta. Mun ga inda aka rubuta da sunan ƙanin miji "don sauƙi", sauƙin ya zama kuka.

Wannan littafi ba takardar gwamnati ba ne, kada wani ya ce mun ce haka. Tsani ne. Sashe na 36 ya ce mai gonar da ta riga 1978 yana iya kai zane ko cikakken bayanin gonarsa ga ƙaramar hukuma, in ta gamsu sai ta yi masa rajista. Shafin littafinku shi ne wannan bayani. Ku je sashen filaye a ƙungiya, ku karɓi rasidi a kan kowane kuɗi da kuka biya. Saye da sayar da gona ma dokar ta ce sai da amincewar ƙaramar hukuma, ko da yake mun san yawancin ciniki a zaure yake ƙarewa. 'Yan'uwanmu na Nijar sun riga mu a nan. Tun dokarsu ta karkara ta 1993 suka fara kafa kwamitocin ƙasa har a ƙauyuka, inda ake rubuta gado, saye, aro da jingina a ba mutum takarda.

Kada mu manta da filin majami'a, gidan mai bishara da maƙabarta. Da yawansu da baki aka ba iyayenmu, wanda ya bayar ya rasu, waɗanda suka karɓa ma sun rasu. A nemi 'ya'yan mai bayarwa cikin ladabi, a rubuta abin da kowa ya sani, kyauta ce ko aro. A rubuta da sunan amintattun ikilisiya masu rajista, kada a sa sunan fasto, domin fasto ana yi masa canjin wurin aiki. Mun san neman takardar filin majami'a yakan ɗauki lokaci da haƙuri. Duk da haka takardar neman da aka buga wa hatimin karɓa ta fi babu. A dasa aguwa ko dogon yaro a kewaye, a duba kuma ko wani ɓangare ya shiga gefen hanya ko filin makaranta.

Ranar da masu awo suka zo

In an kawo sanarwa, ku karɓa. Ƙin karɓa ba ya tsai da aiki. Ku rubuta ranar da ta zo, ku yi mata kwafi. Ranar ƙidaya kowa ya tsaya a gonarsa, ya ƙirga itatuwansa tare da ma'aikata, ya ga an rubuta sunansa daidai. Kada a dangwala yatsa a takardar da ba a karanta muku ba, balle farar takarda. Kada a tumɓuke turken safiyo, kada matasa su ɗauki sanda. Ku yi hankali da masu zuwa su ce za su karɓo muku diyya a raba. In an zalunce ku, kada ku zauna shekara kuna jiran ikon Allah, domin ƙara tana da lokacinta. Hukumar Karɓar Koke-koken Jama'a tana sauraron kuka a kan ma'aikatun gwamnati kyauta, Hukumar Ba da Agajin Lauyoyi kuma tana ba marasa hali shawara. A 2000, cikin shari'ar Adisa da Oyinwola, Kotun Ƙoli ta tabbatar cewa Babbar Kotun Jiha tana da ikon sauraron rigimar ƙasar karkara, don haka ƙofarta a buɗe take gare ku.

Dattijon da muka fara da shi, gonarsa ta bayan gida ita ce shafi na fari a littafin ikilisiyarsu. Maƙwabtansa biyu sun sa hannu, an ƙirga ɗorawar. Ta dajin kuwa, shi da sauran sun rubuta takardar roƙo, uban ƙasa ya sa mata hannu, suna jiran amsa. Bana wake kaɗai ya shuka a gefen da turaku ba su kai ba.

Za mu sake zagayowa kafin ruwan fari, mu ga littattafan, mu kuma raka ƙungiyar da ta shirya zuwa sakatariya. Yanzu sai tambayoyi. Mama da ke can baya, tun ɗazu muka ga hannunki a sama, ke za ki fara.